Itacen Bikin Mubina

"Umma... zo ki gani."

Mubina ce ke kira. Tana durƙushe a bayan madafa, gaban tulin itacen da aka sauke musu da sassafe, hannunta a kan wani gungume mai zoben jan fenti a jikinsa.

"In ga me? Kunama ce?" Umma ta tambaya daga bakin murhu, ko waiwayowa ba ta yi ba.

"Ki zo dai, don Allah."

Umma ta taso tana mita, tana goge hannu da gefen zani. A tsakiyar gungumen akwai kogo da aka liƙe bakinsa da busasshiyar laka, aka bar 'yar tsaga da ba ta wuce faɗin yatsa ba. Mubina ta riga ta ɓantare lakar. A ciki wata tsuntsuwa ce mai dogon baki, fikafikanta duk babu gashi, wuyanta a lanƙwashe, ƙwayayenta a fashe a ƙarƙashinta.

"Cilakowa ce, Umma. Ta mutu." Hawaye suka ɓalle mata. "Marken Kurmin Sada ne wannan. Itacen da Fatihu yake gadi ne aka saro mana."

Kurmin Sada ɗan daji ne da ya rage a bayan garinsu, can wajen Bunkure, tsakanin babbar hanyar ruwa da gonakin shinkafa. Duk abin da ke kewaye da shi an share an mayar wajen noman rani. Shi kaɗai dattawan gari suka haɗa kai da ma'aikatan gandun daji aka ce a bar shi, aka zagaye manyan itatuwansa da jan fenti, aka kafa kwamiti, aka ɗauki mai gadi. Can balbelu ke kwana in sun tashi daga bin shanu. Can zabin daji da kurege da bushiya da damo suka samu wajen ɓuya, in damina ta kawo kai kuma shamuwa ta sauka a kan tsamiyoyinsa. Mai gadin kuwa Fatihu ne, ɗan Dattijo na rugar gefen gari, wanda ranar Asabar ɗin nan za a ɗaura masa aure da Mubina.

Shi ya nuna mata marken nan a makonnin baya, ranar da ta kai wa Babanta abinci gona ta biyo ta gefen kurmin, wai hanya ce ta fi kusa. Kowa ya san ba ta fi kusa ba.

"Wannan kam ai sai murhu," ta ce da tsokana, ganin itacen ya bushe ƙayau ko ganye babu.

"Kul, 'yar gidan Umma. Gidan aure ne kike wa wannan fata." Ya nuna mata sama. "Kin ga lakar can? Matar tana ciki. Da kanta ta liƙe ƙofa, ta zubar da gashinta ta yi shimfiɗa, ko an buɗe mata ba za ta iya tashi ba. Mijin ne yake kawo mata abinci ta tsagar nan har 'ya'ya su yi ƙwari."

"To in ya yi fushi ya tafi fa?"

"Ba ya tafiya. Ta yarda da shi ta rufe kanta, ina zai je?"

Ranar ta koma gida tana murmushi ita kaɗai, har Umma ta tambaye ta ko lafiya.

Yanzu ga marken a bayan madafarsu, an yi gunduwa-gunduwa da shi.

"Amma ai direban tarakta cewa ya yi daga gidan ango ne," Umma ta ce, muryarta ta yi ƙasa.

A garinsu gidan ango ne ke turo itacen girkin biki, kuma da tudun itacen mata ke auna ango, ko su faɗa ko kada su faɗa. Fatihu tun farko ya ce karan dawa zai turo, ya ƙara da ɗan abin da zai sayo a Kura, don shi ko tsinke ba zai ɗauka a kurmi ba. Goggo Zuliha, yayar Baban Mubina, ta ɗauki maganar nan ta zaga gari da ita gida-gida. Da ma ɗanta Hashimu ta so a ba yarinyar, mai injin casar shinkafa da tarakta, ba mai gadin tsuntsaye ba.

"Ƙarya ne, Umma. Fatihu yana Kano tun jiya, ya je karɓo ɗinki. Ina shara a ƙofar gida suka zo. Yaya Hashimu na gani da idona a jikin katangar masallaci, na ji yana ce wa direban, in an tambaye ka ka ce ango ne ya aiko ka. Ni na ɗauka taimakonsa ya yi a ɓoye... ashe..."

Umma ta toshe mata baki da tafin hannu.

"Ki rufa min asiri, Mubina. Ki rufa wa Babanki asiri. Goggonki ce ta raine shi bayan rasuwar iyayensu, ba shi da kowa a duniya sai ita. In aka kama Hashimu ta bakinki, gidan nan ya rabe ke nan har abada, kuma ni za a ce na kitsa. Ki bari a ɗaura auren tukun, in ya so sai a bi komai a hankali."

"Umma, amanar Fatihu ce fa..."

"Itace ne, 'yar nan. Itace ne da tsuntsu."

Sai ga sallamar Goggo Zuliha daga soro, da ayarin mata masu suyar dubulan a bayanta. Umma ta yi wuf ta mirgina gungumen, fentin ya kalli ƙasa, ta tura shi ƙarƙashin babban kaskon mai, da tsuntsuwar a ciki. Mubina tana tsaye wuta ta kama shi. Wallahi da a nan ta buɗe baki da ba mu zauna muna wannan labarin ba, amma ina, shiru ta yi.

"Kai, ashe dai angon namu ya ji kunya," Goggo ta ce tana zagaya tulin, tana tafa hannu. "Marke guda. To Allah ya yi albarka, yau ma ci wuta mai kyau."

Mata suka yi shewa. Mubina ta shige ɗaki ta kifa kai a kan katifa.

Bayan la'asar aka ce ana sallama da ita a soro.

Fatihu ne, da kayan tafiya a jikinsa, ledar ɗinki a hannu, idanunsa jajur. Tunda take da Fatihu ba ta taɓa shigowa soro ya ƙi yi mata murmushi ba sai yau.

"Sannu da zuwa... ya hanya?"

"Sun sare marken, Mubina."

Ta sunkuyar da kai.

"Na tarar da mijin cilakowar a kan kututturen, da fara a bakinsa. Ya tashi ya zaga ya dawo. Ya sake tashi ya dawo. Bai san inda zai kai mata ba. Tun ina yaro rabon da in yi kuka, yau na yi."

"Ka yi haƙuri..."

"An ce itacen yana gidanku. An ce wai ni na turo, don Goggonku ta yi min gorin kara. Hashimu ya ce shi dai an yi hayar taraktarsa, bai san komai ba. Direban kuma ya ce ni na ba shi aikin kafin in tafi Kano. Gobe kwamiti za su zauna da ni a ƙofar Mai Unguwa."

Daga cikin gida ƙamshin suya ke shigowa, da dariyar Goggo.

Ya matso kaɗan, ya sassauta murya.

"Zuciyata, ɗago ki kalle ni. Ke kike sharar ƙofar gida kullum da safe. Kin ga wanda ya kawo shi?"

Ta ɗago. Ta ƙasan asabarin ƙofar ciki ta hango ƙafafun Umma a tsaye, ba sa ko motsi.

"Ban... ban ga kowa ba. Direban kawai."

"Direban kawai."

"Eh."

Ya daɗe yana kallonta, irin kallon da ya sa ta ji kamar ƙasa ta tsage ta shige. Sannan ya ajiye ledar a kan dakali.

"Ga ɗinkinki. Telan ya ce in bai zauna miki ba a mayar masa."

Ya fita, bai ce sai anjima ba.

Washegari da hantsi maza suka taru a ƙofar Mai Unguwa. Mata suna gida suna ci gaba da suya, amma kunnen kowa yana waje. Can sai ga Malam Iliyasu, Baban Mubina, ya shigo da sauri, hularsa a hannu, ya tsaya a tsakar gida.

"Mai Unguwa ne ya ce in zo in tambaye ku. Akwai wadda ta ga wani abu lokacin da aka sauke itacen nan? Ku ji tsoron Allah, mutuncin yaron nan ake shirin zubarwa."

"Mu me za mu gani, Iliyasu?" Goggo ta ce tana juya dubulan a kasko. "An kawo itace, an ce daga gidan ango, mun sa albarka. Sai mu kama bincike kamar 'yan sanda?"

Baba ya juya wajen Mubina da ke raɓe a bakin ƙofar ɗaki.

"Uwata, ke fa? Ke ce mai fita da wuri."

Maganar tana nan a kan harshenta, ta ji ta. Ta kalli Goggo, ta kalli Baba da furfurarsa, ta kalli Umma. Idanun Umma suka cika da ruwa, ta girgiza kai kaɗan yadda ba wanda zai lura. Mubina ta ce a ranta, ai ba su da hujja, faɗa kawai za su yi masa, Asabar na wucewa zan gaya masa komai a ɗakinmu.

"Ban gani ba, Baba."

Kafin azahar labari ya iso gida. An karɓe rigar aiki da usur daga hannun Fatihu a gaban jama'a. Baba ne ya dawo yana jan ƙafa, ya zauna a kan turmi, ya faɗa musu sauran. Ya ce Dattijo, mahaifin Fatihu, sai da aka gama zaman ya miƙe, ya saɓa sandarsa, ya dube shi.

"Ya ce min, Iliyasu, ɗana bai taɓa ɗaukar abin da ba nasa ba. Gidan da aka yi suya da mutuncinsa kuwa, ba zan kawo goro cikinsa ba. An fasa."

Mata suka fara zamewa da ɗaiɗai, kowa ta tuna ta bar wani aiki a gida. Aka bar robobin dubulan da cincin jere a rumfa, ƙuda na bi. Mubina ba ta yi kuka ba a lokacin, zama kawai ta yi a ƙasa inda take tsaye.

Da yamma Hashimu ya shigo gaida Baba, cikin shadda mai maiƙo, ƙamshin turare ya riga shi shigowa. Mutumin nan ko kunyar Allah babu, har da tsayawa a ƙofar ɗakinta.

"Ƙanwata, sai haƙuri. Ki gode wa Allah da ya tona asirinsa tun ba ki shiga ba."

Ta miƙe.

"Na gan ka, Yaya Hashimu. A jikin katangar masallaci. Na ji abin da ka ce wa direba."

Ta zaci zai firgita. Murmushi ya yi, ya gyara zaman hularsa, ya rage murya.

"To me ya hana ki faɗa?"

Ba ta san lokacin da ta fizgi mayafi ba. Umma na kiranta, ko juyowa ba ta yi ba. Ta ratsa ta bayan gari, ta bi kunyoyin shinkafa da gudu, takalminta ɗaya ya maƙale a taɓo ta bar shi a nan.

A kan gadar babbar hanyar ruwa ta same shi, yana ɗaure jaka a bayan babur. Balbelu na wucewa ta samansu zuwa kurmi, bai ko ɗaga kai ya kalle su ba.

"Fatihu!"

Ya juyo.

"Hashimu ne. Na gan shi, na ji shi da kunnena. Ƙarya na yi maka, ƙarya na yi wa Baba. Ka yafe min, don girman Allah ka yafe min..."

"Na sani."

Ta tsaya cak.

"Ka sani?"

"Tarakta ɗaya ce a garin nan, kuma direban ko tari ba ya yi sai da izinin Hashimu. Sani kam na sani. Shaida ce ba ni da ita." Ya ja igiyar jakar ya ƙulle. "Ke ce shaidata."

"Umma ce ta roƙe ni, ta ce gidanmu zai..."

"Na san wannan ma. Ni ma na ga ƙafafunta a ƙasan asabari. Shi ya sa jiya ban riƙe ki ba, na ce tsoro ne, uwa ce a bayanta."

"To mu je yanzu. Mu je wajen Mai Unguwa, in faɗa a gaban kowa, in rantse."

"Ki je ki faɗa, gaskiya ce, ta cancanci a ji ta." Ya jingina da babur ɗin, ya kalli ruwan da ke wucewa ƙarƙashin gada. "Mubina, yau na tsaya a gaban mutanen da na shekara ina hana 'ya'yansu harbin tsuntsu da danƙo, suna min kallon ɓarawo. Ban damu ba. Da Mai Unguwa ya tashi Babanki ya ce ya je ya tambayo mata, wallahi murmushi na yi. Na sunkuya na ce wa mahaifina, Baffa, kwantar da hankalinka, yanzu za ka ji. Mubina tana gidan."

Ta durƙushe a kan gadar, kukan da ta riƙe tun rana ya ƙwace mata.

"Sai ga Babanki ya dawo. Baffa kallona kawai ya yi."

"Ka daina sona ke nan?"

"Da na daina ai da na huta."

"To kada ka tafi... Masoyina, kada ka tafi ka bar ni. Duk abin da ka ce zan yi. Zan je rugar in durƙusa wa Baffa, in ya ce in kwana a durƙushe zan kwana."

"Na yafe miki, har ga Allah na yafe." Ya juyar da kai. "Amma ban san yadda zan zauna da ke ɗaki ɗaya da ranar yau a tsakaninmu ba. Na gwada a raina tun azahar, na kasa. Zan tafi wajen kawunnaina, suna kudu da shanu."

"Yaushe za ka dawo?"

Ya cire takalmansa na roba ya ajiye a gabanta, don ya ga ƙafarta ɗaya babu takalmi, ƙaya ta fasa ta. Ya hau babur haka nan ƙafa a ƙasa, ya tayar.

Ta faɗa. A ranar ta faɗa wa Baba komai, a gaban Umma da Goggo. Baba ya je ya faɗa wa Mai Unguwa, dattawa suka ce maganar cikin gida ce, tunda yaron ya riga ya tafi a rufe ta kawai. Aka kira Hashimu aka yi masa faɗa a ɗaki, ya ce ya tuba, washegari injinsa ya ci gaba da casa. Goggo Zuliha ta ɗauke ƙafa daga gidan, ko a hanya ta haɗu da ƙanenta sai ta kau da kai. Abin da Umma ta guda shi ya same ta, ga kuma 'ya a ɗaki tana ramewa. An aika ruga da bayani, Dattijo ya ce ya ji, Allah ya kyauta. Wayar Fatihu kuwa kullum a kashe.

Kwamiti suka ce za su nemi wani mai gadin, suna nan suna nema. Yara ne suka fara shiga kurmin da danƙo. Da aka ga ba wanda ya ce kanzil sai mata suka bi da igiya, wai busassu kawai za su tsinta. Daga baya aka fara jin saran gatari tun daga cikin gari. Duk saran da aka yi Mubina tana jinsa daga ɗakinta, sai ta toshe kunne da filo, amma a banza.

Wata safiya bayan an kwana ana ruwa, ta ji matan unguwa suna kiran juna a fita itace, karan kowa ya jiƙe. Ta saka hijabi ta fita ba ta gaya wa kowa ba. Ta riga su isa. Hanyar shiga kurmin ɗaya ce, wani ɗan katako da aka gitta a kan ƙaramar magudanar ruwa, sai mutum ɗaya yake ɗauka. A kansa ta tsaya, ta ware hannuwa.

Matan suka iso da igiyoyi da gammo, Tambaya matar maƙwabcinsu a gaba, da goyo a bayanta.

"Don Allah ku koma," Mubina ta ce. "Lokacin ƙwai ne. Akwai masu 'ya'ya a ciki, ko a busasshen ma akwai. Ku yi wa Allah ku koma."

Suka kalli juna.

"Ikon Allah. Ke aka ba gadin yanzu?" wata ta ce daga baya.

"Ba a ba ni ba. Roƙonku nake."

"To mu da me za mu dafa wa yara abinci?" wata ta ce. "Ke da itacen ina aka yi suyar bikinki?"

Ba wadda ta yi dariya. Hannuwan Mubina suka sauko da kansu. Hawaye kawai ke bin kumatunta.

Tambaya ta gyara goyonta, ta dube ta da tausayi, ta kira ta da sunan da bakin unguwa ya riga ya saba da shi tun ana shirin biki.

"Amarya, yi haƙuri ki ɗan matsa mu wuce, rana tana yi."

Ta matsa.